A kawo Wazzou Dogon Dutsi

A shekarar 1972, a Wagadugu, fim ɗin Umaru Ganda mai suna Wazzou ne ya fara lashe babbar kyautar FESPACO. Labarinsa ba baƙo ba ne ga kowane ɗan Arewa: alhaji mai hannu da shuni ya ɗora ido a kan budurwar da ta riga ta ba wani saurayi talaka zuciyarta, iyaye suka kau da kai, ƙarshenta kishiya ta ɗauko makashi, jini ya zuba. A wannan shekarar Mustafa Alasan ya fitar da FVVA, wato mace, gida, mota, kuɗi: ƙaramin ma'aikaci ya ci amanar asusu don a kira shi babban mutum, ya ƙare a gidan kaso. Tun 1966 ma, a Le Retour d'un aventurier, ya nuna yadda akwati guda na kayan kaboyi ya mai da samarin ƙauye gungun ƴan ta'adi.

Duk wanda ya san hanyoyin da ke ratsa iyaka daga Tibiri da Dutsi zuwa Kabi da Sakkwato ya san waɗannan mutane ba su mutu ba. Jarkokin man sumogal a bayan babur sun maye gurbin doki, ɓarayin shanu suna riƙe da bindigar gaske, kuma mai irin wannan kuɗi ne ke tsawwala kuɗin aure har manomi ya rasa ta cewa. Amma saurayin Kore Mairuwa ya fi sanin jaruman Indiya da na Kano a kan Zalika Sule.

A Afganistan, zamanin mulkin Taliban na farko, ma'aikatan hukumar sinima sun ɓoye finafinan ƙasarsu a bayan bango, suna kasada da ransu. Namu babu wanda ya hana. Sakaci ne kawai. Birnin New York ya karrama finafinan Alasan a 2017, ana kuma kiran wata cibiyar al'adu a Yamai da sunan Ganda, wanda hakan ya fi sauƙi a kan nuna aikinsa.

Me zai ci wa ma'aikatar al'adu ta juya Wazzou daga Zabarmanci zuwa Hausa, ta kafa farin ƙyalle a gidan samarin Dutsi ranar kasuwa? Arewa dai ta saba da jira: Sarraounia na Med Hondo, labarin Lugu ne, amma a Burkina Faso aka ɗauke shi.