Babban Filin Wasa Na Yamai

A birnin Yamai akwai wani babban filin wasa da ake kira da sunan Janar Seyni Kountché, wanda ya shugabanci Nijar daga 1974 har rasuwarsa a 1987. An buɗe shi a shekara ta 1989, bayan an gina shi da taimakon ƙasar Sin. Yana ɗaukar mutum wajen 35.000. A tsakiyarsa akwai fagen tamola mai koren haki. Kewaye da fagen kuma akwai hanyar tsere mai tsawon mita 400.

Wannan fili ya ga manyan baƙi. A watan Disamba na 2005 aka yi wasannin ƙasashe masu amfani da harshen Faransanci, karo na biyar, a Yamai. A nan ƴan guje-guje da tsalle-tsalle suka gwada ƙwazonsu. A 2015 aka buga kofin Afirka na yara ƴan ƙasa da shekara 17. A 2019 kuma aka buga na samari ƴan ƙasa da shekara 20, a Yamai da Maraɗi. Duka biyun Mali ce ta tafi da kofi.

Amma ranar da masu son tamola ba su mantawa da ita, ita ce 10 ga Oktoba 2010. Ran nan ƙungiyar ƙasa, wato Mena, mai sunan wata barewar sahara, ta karɓi Masar. Masar kuwa ta ɗauki kofin Afirka sau uku a jere: 2006, 2008 da 2010. Duk da haka Moussa Maâzou ya jefa ƙwallo a raga, aka tashi ɗaya da nema. Daga baya Mena ta kada Saliyo da Afirka ta Kudu a wannan fili. Wasanni ukun da ta buga a waje kuwa, duka an cinye ta. Nasarorin gida su ne suka kai Nijar kofin Afirka na 2012, karon farko a tarihinta.

Ashe fili ba siminti da ƙarfe kaɗai ba ne. Ɗan wasa ya san ƙasarsa, ya saba da ranarta, yana jin ganga da kirarin ƴan uwansa. Sai ƙarfinsa ya ƙaru.

To, ginin da ba a kula da shi, tsufa yake da wuri. Hukumar tamola ta Afirka, wato CAF, takan duba filaye kafin ta yarda a yi babban wasa a cikinsu. Tana duba haki, da fitilu, da kujeru, da ɗakunan sauya tufafi. Filin da ya gaza, sai a dakatar da shi. Haka ta faru ga filin Yamai. A 2022 Mena ta karɓi Tanzaniya a Kwatano, cikin ƙasar Benin. A 2023 ta karɓi Aljeriya a ƙasar Tunisiya. Sunan wasan na gida ne, amma mai gida ya zama baƙo. An kashe kuɗin jirgi da na masauki. Mai sayar da ruwa da mai tuya a bakin fili sun rasa ciniki. Yaron Yamai kuma bai ga gwanayensa da idonsa ba.

Wasu suna cewa ƙasar da ke bukatar rijiyoyi da makarantu da ɗakunan likita, ba ta da rarar kuɗin da za ta zuba wa haki ruwa. Maganarsu tana da nauyi, ba a raina ta ba. Sai dai fili ya riga ya tsaya. Gyara kayanka bai zama sauke mu raba ba. Famfon da aka gyara yau, kuɗinsa kaɗan ne. Idan aka bar shi shekara biyar, sai ya ci bango. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Kulawar kuma ba aikin gwamnati kaɗai ba ne. Ɗan kallon da ya karya kujera don an ci ƙungiyarsa, kayansa ya karya. Wanda ya yar da leda, ko ya haura katanga bai biya kuɗin shiga ba, shi ma ya rage wa fili kwana.

Abu na ƙarshe shi ne hanyar tsere. Bai kamata ta zauna tana jiran baƙi ba. Ya dace a ware wa ƴan makaranta, maza da mata, ranar da za su zo su yi gudu da tsalle tare da malamansu. Haka ya kamata a yi a Damagaram, da Maraɗi, da Tawa. Yaron da ya yi tserensa na fari a kan wannan hanya, ba ya yarda wani ya ɓata ta.