Masu Sharhin Fim Ba 'Yan Duban Oscar Ba Ne

A kowace Disamba, 'yan jarida masu sharhin fina-finai na birnin Los Angeles, waɗanda yawansu bai kai ɗari ba, sukan taru su yini suna jayayya da kaɗa ƙuri'a, sa'annan su shelanta fim ɗin da suka ga ya fi kowanne a shekarar. Tun 1975 suke wannan al'ada. Takwarorinsu na New York kuwa tun 1935. Da fitar sanarwar sai jaridu da shafukan intanet su mayar da ita tambaya guda: me wannan ke nufi ga Oscar? Idan zaɓinsu ya zo daidai da na Oscar, a ce sun canka. Idan ya saɓa, a ce sun yi ɓatan kai, ko kuma sun raina abin da jama'a ke so. Wannan awo ne da mudun da ba nasa ba, kuma abin takaicin shi ne wasu daga cikin masu sharhin sun fara auna kansu da shi.

Masu zaɓen Oscar, su fiye da 10,000, 'yan sana'ar ne: jarumai, daraktoci, furodusoshi, masu tace hoto da sauti. Abokan aikinsu suke zaɓa, wani lokaci ma iyayen gidansu, bayan kamfanoni sun kashe miliyoyin daloli wajen talla da liyafa domin jan ra'ayinsu. Shi kuwa mai sharhi yana kallon ɗaruruwan fina-finai a shekara, kuma tuwonsa bai rataya ga cinikin ko ɗaya daga cikinsu ba. Amfaninsa ke nan. Ranar da hukuncinsa ya zama inuwar hukuncin masana'antar, babu sauran dalilin sauraronsa.

Shekarar 1985 ta isa shaida. Darakta Terry Gilliam ya kammala fim ɗinsa mai suna Brazil, labarin wani ƙaramin ma'aikaci da gwamnatin takardu da hatimi ta murƙushe. An nuna shi a Turai, amma kamfanin Universal, mai haƙƙin nuna shi a Amurka, ya ƙi sakinsa. Shugaban kamfanin, Sid Sheinberg, yana ganin ya yi tsawo, kuma ƙarshensa ya yi ɗaci. Sai ya sa aka datse shi daga minti 142 zuwa 94, aka ɗinka masa ƙarshe mai daɗi wanda masoya ke tsira. Gilliam ya sayi shafi a jaridar Variety yana tambayar Sheinberg a bainar jama'a ranar da zai saki fim ɗin, ya kuma riƙa nuna wa masu sharhi nasa kwafin a ɓoye. A Disamba ƙungiyar Los Angeles ta ba Brazil lambar fim mafi kyau, da ta darakta, da ta tsarin labari, alhali ba a taɓa sayar da tikitinsa a sinimar Amurka ba. Wannan mari ne mai zafi, domin Universal ɗin ne ke da Out of Africa, wanda ya zuba wa duk burinsa na shekarar. Cikin 'yan makonni aka saki Brazil a tsawon minti 132, da ƙarshensa na asali. Out of Africa ya je ya ci Oscar ɗinsa. A lissafin masu duba, ƙungiyar ta faɗi a wannan shekara, ita da ta ceci fim daga almakashi.

Irin wannan "faɗuwa" tana da tsawon tarihi. A 1941 masu sharhin New York sun zaɓi Citizen Kane, Oscar ya tafi ga How Green Was My Valley. A 1990 biranen biyu sun haɗu a kan Goodfellas na Martin Scorsese, masana'antar ta ɗauki Dances with Wolves. A 2018 sun sake haɗuwa a kan Roma, aka ba Green Book. Mai karatu na iya tambayar duk wani malamin fim waɗanne ne ake koyarwa a aji a yau.

Akwai ƙorafi mai nauyi da ya cancanci amsa: cewa waɗannan mutane suna zaɓen fina-finan da babu mai kallo, domin su nuna sun fi kowa ɗanɗano. Ana kafa hujja da First Cow, wanda New York ta zaɓa a 2020 bai kuwa sami ko shiga jerin 'yan takarar Oscar ba, ko Drive My Car na Ryusuke Hamaguchi, fim na kusan awa uku cikin harshen Japan, wanda ƙungiyoyin biyu suka zaɓa a 2021. Sai dai fim mai farin jini ya riga ya karɓi ladarsa a bakin ƙofar sinima. Wanda ke bukatar a ɗaga masa fitila shi ne wanda ba shi da kuɗin talla. Bayan wannan yabo ne Drive My Car ya zama fim ɗin Japan na farko da ya shiga takarar fim mafi kyau a Oscar. Zargin girman kan ma bai tsaya da ƙafafunsa ba. Ƙungiyar Los Angeles ce ta ba WALL-E, fim ɗin zane da yara suka cika sinima dominsa, babbar lambarta a 2008. A 2022 New York ta naɗa S. S. Rajamouli darakta mafi gwaninta saboda RRR, fim ɗin Telugu mai rawa da waƙa da faɗa, irin wanda mai kallo a Kano ko Damagaram ba ya bukatar a gabatar masa, a shekarar da ita kanta Indiya ba shi ta aika takarar Oscar ba.

'Yancin nan ya taɓa nuna haƙoransa a wajen zaɓe ma. A Nuwamba 2017 kamfanin Disney ya hana jaridar Los Angeles Times halartar nunin fina-finansa na 'yan jarida, saboda binciken da ta wallafa kan mu'amalarsa da hukumar birnin Anaheim. Ƙungiyoyin Los Angeles da New York da Boston, tare da ta ƙasa baki ɗaya, suka sanar cewa babu fim ɗin Disney da zai shiga zaɓensu har sai an janye takunkumin. A ranar kamfanin ya janye shi.

To, amma laifin lalacewar ba na masu karanta sakamako ne kaɗai ba. Ƙungiyoyin sun yi yawa har sun zama kamar kwaɗin damina: Chicago, Washington, San Francisco, Dallas, Phoenix, Las Vegas, Detroit, da wasu gommai. Yawa ba aibu ba ne da kowace tana da idonta. Abin da ake gani shi ne jerin sunaye kusan iri ɗaya yana fitowa daga birni zuwa birni, kamar an kwafe shi daga allo guda. A 2010 The Social Network ya kwashe kusan dukkansu. Fim ne nagari, amma da wuya a yarda cewa ɗaruruwan mutane masu alfahari da ra'ayin kansu sun isa wuri ɗaya ba tare da leƙen takardar juna ba. Manyan ma ba su tsira ba. A 2011 ƙungiyar New York ta jawo zaɓenta zuwa ƙarshen Nuwamba domin ta riga kowa magana, alhali wasu fina-finan shekarar ba su gama fitowa ba. Mai hukunci kafin a gama kawo shaidu ya nuna cewa sunansa a allon talla ya fi damunsa.

Kalmar "yanki" da ke jikin waɗannan ƙungiyoyi alkawari ne da yawancinsu ba su cika ba. Mai sharhi a Detroit ko Dallas ya san ƙananan fina-finan da aka yi a unguwanninsa, waɗanda babu wanda zai gani a Hollywood in ba shi ya faɗa ba, amma sai ya ɓata ƙuri'arsa wajen zama na talatin da ya yabi abin da aka riga aka yaba. A Kanada, ƙungiyar masu sharhi ta Toronto ta ware lamba ta musamman ga fim ɗin ƙasar mafi kyau, ta kuma yi shekaru tana haɗa ta da kyautar dalar Kanada 100,000, kuɗin da ya isa ƙaramin darakta ya fara aikinsa na gaba.