Neman Diyyar Gona Ba Tawaye Ba Ne

Tun da aka yi sulhu a Birnin Gwari a ƙarshen 2024 aka sake buɗe kasuwar shanu, mutane da yawa sun koma gonakin da suka gudu suka bari. Muna gode wa Ubangiji. Amma zaman lafiya yakan zo da ayyukan gwamnati, ayyuka kuwa ƙasa suke ci: hanya, makaranta, sansanin tsaro, ga kuma zinariyar da ke ƙasarmu. Idan gobe aka kafa turke a gonarka ko a filin majami'a, me za ka yi?

Da yawa cikinmu za su ce ƙasa ta gwamnati ce, sai haƙuri. Rabin maganar ke nan. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta danƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana domin jama'a. Sashe na 28 ya ba shi ikon karɓar fili, amma sai domin amfanin jama'a, kuma sai an ba mai filin sanarwa a rubuce. Sashe na 29 ya ce a biya diyyar abin da aka yi a kan filin, wato gini, rijiya, shuka da itatuwa. Sashe na 36 ya amince da manomin karkara da ke riƙe da gonarsa tun kafin dokar, ko ba shi da takarda. Sama da waɗannan duka, sashe na 44 na Tsarin Mulkin 1999 ya ce a biya diyya ba tare da jinkiri ba, mai dukiya kuma yana da damar zuwa kotu.

Ga inda hatsarin yake gare mu. Doka ba ta biyan kuɗin ƙasar kanta, abin da ke kanta take biya, yadda yake a ranar da aka karɓe ta. Gonar da ta yi shekaru ba a nome ba saboda 'yan bindiga, mai ƙiyasi zai iya zuwa ya rubuta daji. Majami'ar da aka ƙone zai iya rubuta kango. Filaye da yawa na ikkilisiyoyinmu kuwa da baki mai gari ya ba iyayenmu, shaidun ma suna ta rasuwa.

Mu tuna da Bakolori, kusa da Talata Mafara. An gina madatsar ruwa, manoma suka rasa gonaki, maganar diyya ta yi ta jan ƙafa. Suka tare hanyoyi, a watan Afrilu 1980 'yan sanda suka buɗe musu wuta, rayuka da yawa suka salwanta. Gaskiya tana wurin manoman, amma jini ne ya zuba. Ba ma roƙon haka ga kowa.

Wani dattijo zai ce, ai Romawa 13 ta umarce mu mu yi biyayya ga masu mulki. Haka ne. Amma Bulus da ya rubuta wannan, shi ne ya tuna wa jarumin soja cewa shi ɗan ƙasar Roma ne lokacin da za a yi masa bulala, daga baya ya ɗaukaka ƙara zuwa gaban Kaisar. Dawuda yana sarki, ya ƙi karɓar masussukar Arauna kyauta sai da ya biya. Ahab da ya ƙwace gonar inabin Nabot, Allah ya aika masa da Iliya. Wanda ya nemi haƙƙinsa ta hanyar doka, dokar ya girmama.

Saboda haka, dattawa, kada mu jira sai ruwa ya ƙare wa ɗan kada. Kowace ikkilisiya ta auna filinta da maƙabartarta, a rubuta tarihin yadda aka samu, shaidun da ke raye su sa hannu. A nemi takardar mallaka a hukumar KADGIS da sunan amintattun ikkilisiya, kada a sa sunan fasto, gama fasto yakan tashi. Manoma su ƙirga ɗorawa, kaɗanya da mangwaronsu, su ɗauki hoto. Idan sanarwa ta zo, a adana ta, a nemi lauya da wuri, kada kowa ya dangwala yatsa a takardar da ba a karanta masa ba. Sashe na 29 ya yarda a biya diyyar filin al'umma ta hannun shugabanta, don haka a nemi ganin jerin sunaye da adadin kowa a fili.

Mu kuma tafi tare da maƙwabtanmu Musulmi, domin hanyar da ta ci gonar Kirista ba za ta kauce wa tasu ba. Gwauruwa da maraya su ne aka fi mantawa ranar rabon diyya. A taron dattawa mai zuwa, a fara da sunayensu. Ubangiji ya ba mu hikima. Amin.