Wanda Ya Ɗaukaka Ƙara Ya Bi Sawunta

Ƙa'idojin Kotun Ɗaukaka Ƙara na 2021 sun ba mai afil kwana 45, bayan kundin shari'a ya iso masa, ya kai hujjojinsa a rubuce. In ya yi sakaci, kotu tana da ikon korar ƙarar.

Mu dai mun ga wannan daidai ne. Marayan da alƙali ya ba gaskiya bisa gonar ubansa, damina nawa zai yi yana jira?

Amma sau da yawa rashin sani ne, ba ganganci ba. Saboda haka muna roƙon malamai da akawuna, duk wanda ya kawo muku takardar kotu ku karanta masa, ku ƙidaya masa kwanakin, ku tura shi wurin lauyansa, kada hakkinsa ya salwanta.