A Nuna Musu Kafin A Nuna Wa Duniya

A farkon shekarun 1950 Jean Rouch, Bafaranshen nan mai shirya fim, ya ɗauki Sarkawan Ayorou a Nijar suna farautar dorina. Ya koma ya kafa farin ƙyalle ya haska musu. Masuntan suka ce ya cire kiɗan da ya sanya, domin kiɗa ƙarfafa zuciyar dorina yake yi, su kuwa shiru suke farauta. Ya cire. Tun kafin nan masunci Damouré Zika abokin aikinsa ne, kuma sun ci gaba da aiki tare har Rouch ya rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004.

Yau a Kebbe da Tambuwal samari da yawa na da kyamara a aljihu. Ana ɗaukar 'yan bori, maharba da Fulanin ruga, a watsa a TikTok a yi ta dariya, su ba su ma san an ɗauke su ba. Mu a ganinmu wannan cin amana ne. Wanda aka ɗauka shi ya kamata ya fara kallo, ya ce a bar nan, a yanke can. In da hali, a miƙa masa wayar ya ɗauki rugarsa da kansa.