KUNNEN MAI KALLO: Wufa Ba Ta Maganin "Me Ya Ce?"

Ran Juma'a na leƙa gidan Yayata, na tarar mijinta ya jibgo wata ƙatuwar wufa a falo, wai don Hajiyarsa ta daina tambayar "me ya ce?" in ana kallon Labarina. Kuɗi sun tafi, tagogi har rawa suke yi, amma Hajiya na nan da tambayarta. Har an fara maganar kai ta asibitin kunne.

Ni kuwa na ce a dakata. Wufa aikinta gunji ne, irin na ganga da rugugin mota. Abin da ke raba "kafa" da "ƙafa", ko "sara" da "tsara", siririn sauti ne, galibinsa tsakanin 2kHz da 4kHz. Duk ƙara bes da ka yi, binne shi kake yi.

Na karɓi rimot na rage bes, na shiga saitin sauti. Masu LG su nemi Clear Voice, masu Samsung su nemi Amplify. In akwai ikwalaiza, sauke 100Hz, ɗaga 3kHz kaɗan. Sannan na jawo talabijin ɗin daga cikin kabad zuwa bakin teburi. Waɗannan sirara na bango ƙasa ko baya sifikunsu ke kallo, ba kamar tsohuwar mai ƙeya ba da ke jefo maka magana a fuska. Falon kuma tayil ne zalla, murya sai amsa-kuwwa take yi. Na ce Yaya ta shimfiɗa kafet ta saki labule.

Masu kallon na Indiya da Amurka a filash, wasu daga cikin nasu tsarin 5.1 ne, maganar a sifikar tsakiya take. Ba ka da ita? Mayar da saitin sitiriyo.

Amma fa wani laifin na furodusoshinmu ne, wallahi. A ɗauki waƙa a sutudiyo tas, magana kuwa a lokeshan, janareto na kuka, mai babur na wucewa, makirfon na can nesa da bakin jaruma. Sai ka ƙure murya don ka ji hira, waƙa ta shigo ta tashi jariri. Wannan kam ba rimot ɗin da zai gyara shi.

Hajiya dai ta kalli fitowa guda ba ta tambayi kowa ba. Mijin Yaya yana can yana lallashin mai shago ya karɓi wufarsa.