Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Ali Nuhu, Shugaban Hukumar Fina-finai ta Najeriya

 Na zo maka da maganar wata 'yar Damagaram.

Aisha Macky ta karanta ilimin zamantakewa a Yamai, sannan ta tafi Jami'ar Gaston Berger da ke Saint-Louis ta Sanagal ta ƙware kan fim na labarin gaskiya. A 2016 ta fitar da "L'Arbre sans fruit", kan gorin da ake yi wa macen da ba ta haihu ba, ya ci lambar AMAA. Daga baya ta koma garinsu, ta shiga unguwar Kara-Kara inda a da ake tsugunar da kutare, ta zauna cikin samarin "Palais" masu ɗaga ƙarfe da safarar fetur, ta saurare su har suka saki jiki da kyamara. Da Hausa suke magana, amma fim ɗin da ta yi da su, "Zinder" na 2021, ya zaga bukukuwan Turai. Baiwa tana da ita, sai dai makaranta da masu ɗaukar nauyi ne suka kai ta can.

A wajenmu kuwa, jarumai muke haifarwa, daraktoci sai dai sa'a. Kai ka fi kowa sani, domin fim ɗinka "Mansoor" na 2017 shi ya ɗaga Umar M. Shareef da Maryam Yahaya. To amma matashin da ya yi suna a gaban kyamara, ya so komawa bayanta, ina zai dosa? YouTube. Kowane mako sai ya saki kashi guda, ana ɗauka janareto na ruri, ana gyara labari a lokeshan, mai kuɗi na tsaye yana duba agogo. A haka ba a nuna, ana dai tsufa.

Ranka ya daɗe, tun Janairun 2024 wuƙa da nama suna hannunka. Makarantar fim ta Jos ƙarƙashinka take. Ka ware wa 'yan Kannywood guraben karatu na gajeren zango kan rubutu, sauti da bada umarni. Ka buɗe wa masu fim ɗin farko fage nasu a bikin fina-finai na Zuma. Ka kafa ɗan asusu na fassarar ƙasan allo, domin fassarar da muke yi yanzu dariya take jawo mana a waje. Ka kuma gayyato irin su Aisha su koyar, tunda tsakanin Kano da Damagaram ba a neman tafinta.

"The Milkmaid" da "Mai Martaba" duk sun wakilci Najeriya a neman Oscar, kuma Hausa ce bakinsu. Kasuwa na nan, labari na nan. Abin da ya rage shi ne horo, kuma shi ne aikin ofishinka.

Allah ya yi maka jagora.

Naka,
Wani mai kallo daga Kano